Bugu da Hannun Hagu

Akwai wata ƙara da ta ɓace a lungunmu, kuma har yau ban ji wanda ya yi cigiyarta ba. A da, idan mutum ya ratso lungunan Koki da hantsi zai shiga Kasuwar Kurmi, tun daga nesa yake jin ta tana fitowa daga zaurukan masu bugu, tim, tam, tim, tam, kamar garin ne yake numfashi. Zaure shida ne a layinmu kaɗai, kowanne da gungumensa, kowane gungume da mutum biyu zaune a ƙasa suna fuskantar juna. Akan sa wa riga sitati, a shanya ta, a fesa mata ruwa da baki, a ninke, a ɗora a kan gungume, sannan a yi ta dukanta da gudumar itace har ta kwanta, ta ɗauki ƙyallin da dutsen guga bai taɓa iya ba ta ba. Hannun dama ke ɗaga guduma, na hagu ke jan riga. Kai ka sauke, na gabanka ya ɗaga, ya sauke, kai ka ɗaga. Wannan ita ce sana'ar da na tashi na tarar a gidanmu, ita na yi har gemuna ya yi fari. Yanzu zaure ɗaya ya rage, namu, shi ma an raba shi biyu da katako, rabi na bugu, rabi na teburin guga da na'urar wanki.

Ciwon ya same ni ne da safe, ina alwalar walaha a tsakar gida. Na ɗauki buta, sai na ga ta faɗi. Na sunkuya in ɗauka, hannun ya ƙi zuwa inda na aike shi. Na buɗe baki in kira maƙwabcina, abin da ya fito ni kaina ban gane shi ba. Matata ta riga mu gidan gaskiya shekaru da dama, 'yan'uwan da muka gaji gidan tare kuwa duk sun sayar da rabonsu sun koma bayan gari, don haka ina nan kwance kusa da rariya, ina kallon ruwan butar yana bin ƙasa, har sai da mai kawo mini ruwa ya yi sallama bai ji amsa ba ya leƙo. A asibiti suka ce hawan jini ne ya shanye mini ɓarin dama. 'Yata, wadda nake kira Ummi saboda sunan mahaifiyata gare ta, ita ta ɗauke ni zuwa gidan mijinta a wata sabuwar unguwa can wajen ganuwa. Gida ne mai kyau, da tayil da fanka da ƙofar ƙarfe, ba ka jin motsin kowa. Na yi kusan shekara a ɗakin baƙinsu. Ana kai ni asibiti wurin masu gashin ƙashi, su miƙar da ƙafa, su lanƙwasa hannu, su ba ni ƙwallon roba su ce in matsa. Ni da na wuni ina ɗaga gudumar da yaro ba ya iya ɗauka da hannu biyu, na koma ina gumi a kan ƙwallon wasan yara.

Wanda nake yawan tambaya shi ne Ɗan Gwaggo. Ɗan ƙanwar mahaifina ne, sa'ana, kuma shi ne abokin buguna tun muna samari. Fiye da shekara arba'in muna zaune gaba da gaba, gungume ɗaya a tsakaninmu. Ba mu cika hira ba. Daga yadda gudumarsa ta sauka nake sanin ko ya yi faɗa a gida, ko ƙugunsa ya tashi, ko azumi ya fara cinsa. A watannin farko ya zo duba ni sau uku, ya zauna a bakin gado yana murza mini yatsu, yana cewa, "Ka yi ka tashi, malam. Yaran nan sauri gare su, ba na jin daɗin bugu da su." Daga nan sai ya daina zuwa. In na tambaya, Ummi ta ce ƙafa ce ke damunsa, ko ta ce hanya ta yi masa nisa. Sai ranar da na fara takawa da sanda har bakin ƙofa, na ce mata gobe zan shiga gari in gan shi, ta durƙusa a gabana ta riƙe gefen rigata.

"Baba, ka yi haƙuri. Baba Ɗan Gwaggo ya rasu. Yau wata huɗu ke nan."

"Wata huɗu?"

"Likita ne ya ce kada a gaya maka abin da zai tayar maka da hankali."

Ban yi mata faɗa ba, don na san tsoro ne ya sa ta. Amma an wanke shi, an sallace shi, an kai shi, an yi zaman makoki an tashi, duk ina kwance ina matsa ƙwallo. A ranar na ce mata zan koma gidana da sana'ata. Ta yi kuka, mijinta ya yi ta ba ni baki, ya ce me na rasa a nan. Na ce ban rasa komai ba, sai dai in na ci gaba da zama a ɗakin nan zan manta ko ni wane ne. Da suka ga ba zan sauya ba, suka sa ni a adaidaita sahu da jakar magunguna, Ummi ta share mini ɗaki, ta roƙi matar maƙwabci ta riƙa aiko mini da abinci.

Ran da na koma zaure, na yi wanka na sa farar riga kamar mai zuwa ɗaurin aure. Tafiyar da a da nake yi kafin a gama kiran salla ta ɗauke ni kusan rabin awa, ina jan ƙafa, ina tsayawa ina ba babura hanya. Ba kowa ya gane ni ba. Shagon mai sayar da shuni ya zama na cajin waya, dakalin da dattawa ke zama an rushe shi an yi wurin ajiye janareta. Auta na tarar a zauren, ƙaramin ɗan Ɗan Gwaggo, wanda yanzu shi ma magidanci ne da 'ya'ya biyar, shi ke riƙe da wurin tare da wasu ma'aikata biyu. Ya taso da sauri ya kama ni, ya gaishe ni har ƙasa, na yi masa gaisuwar mahaifinsa da bakina da bai gama miƙewa ba. Aka kawo mini kujerar roba aka ajiye a bakin ƙofa. Na ce ba kujera na zo nema ba, a matsa mini in zauna a wurina. Suka dubi juna. Da ƙyar na sauka ƙasa, na miƙe ƙafar da ba ta lanƙwasuwa, na kai hannun dama kan gudumata. Tana nan yadda na bar ta, da gurbin yatsuna a jikin ƙotar. Na damƙe ta, na ɗaga ta kamar tsawon taki ɗaya, ta suɓuce ta faɗa gefen gungume. Na koma hannun hagu. Shi ya ɗaga, amma bai san hanya ba, ya sauka a karkace, ya sauka a makare. Auta yana gabana yana jira, gudumarsa a sama, ga tarin shaddodin biki a bayansa da aka ce a gama kafin la'asar. Muka yi kamar bugu goma, babu biyu da suka haɗu. Sai ya ajiye tasa, ya yi murmushi, ya ce da ladabi:

"Baba, ka huta mana. Ai ka yi naka. Ka zauna a kujera kana sa mana albarka, mu za mu yi."

Ba zagi a maganarsa, ba raini. Amma da na koma kan kujerar nan ina kallon titi, ba Auta nake ji ba. Muryata nake ji, ta wani saurayi da na daɗe da binnewa a raina.

Mahaifina shi ne babban mai bugu a layinmu a zamaninsa. Attajiran cikin gari, har da jikokin Larabawan nan masu fataucin tufafi, ba sa yarda kowa ya taɓa musu babbar riga sai shi. A hannunsa na koyi komai, kuma ban fara da guduma ba. Shekara biyu ina share zaure, ina goge gungume da tsumma don ko ƙwayar yashi ɗaya ta maƙale za ta huda riga, ina jiƙa ƙaron da ake sa wa riguna, ina ɗebo ruwa a rijiyar masallaci, ina kai kayan da aka gama gidajen masu su a kaina, an naɗe su cikin farin zane. Da asuba in muka dawo daga masallaci mahaifiyata ta riga ta dama koko, muna sha ana jin tattabaru a kan soro da ƙarar turmi daga gidaje. Tafin hannun mahaifina kullum shuɗi ne saboda rawunan da ake bugawa da shuni, ko ya wanke ba ya fita, har tuwo in ya gutsura sai ka ga alamar. Ba mai yawan magana ba ne. Abin da yake yawan faɗa mini shi ne, "Kada ka kalli rigar, ka saurari na gabanka. In ya gaji za ka ji, sai ka rage." In ya ga ina gaggawa kuma ya ce, "Mai rigar nan masallaci za shi da ita, ba gudu za shi ba." A lokacin ina ɗaukar maganganun nan surutun tsofaffi ne.

Na kai shekara ashirin da 'yan kai, ƙarfi ya zo mini, ina jin babu mai bugu kamata a Kano. Shi kuwa ya fara tsufa, hannunsa na rawa, numfashinsa na gajarta. Wata shekara ana jibi Salla, riguna sun taru har sun kusa taɓa rufin zaure, masu su na ta aike. Ina gabansa muna bugu, in na sauke sai in jira shi, in na sauke sai in jira shi. Zaurukan maƙwabta ina jin su suna tafiya kamar ruwan sama a kan kwano, namu kuwa kamar mai ɗingishi. Ɗan Gwaggo yana gefe yana ninki. Raina ya ɓaci, na tsaya, na ce a gaban mutane:

"Baba, don Allah ka tashi Ɗan Gwaggo ya zauna. Kana ja mana baya."

Wani dattijo da ya zo karɓar rigarsa ya sunkuyar da kai. Mahaifina bai dube ni ba. Ya kwantar da gudumarsa a hankali a gefen gungume, ya shafa rigar da ke kai da tafin hannunsa sau biyu, ya ce, "Gaskiyarka." Ya dafa bango ya miƙe, ya je ya zauna a dakalin ƙofa. Ɗan Gwaggo ya ƙi tasowa sai da mahaifina ya ce masa, "Zauna mana, aiki na jira." Muka gama rigunan nan kaf kafin daren Salla, ina ta jin daɗin kaina. Tun daga ranar mahaifina bai ƙara taɓa guduma ba. Kullum zai zo da safe, ya zauna a dakali, ya amsa gaisuwar masu wucewa, in an yi azahar ya koma gida. Shuɗin hannunsa ya yi ta koɗewa har ya fita. Mahaifiyata ta taɓa ce mini, "Me ka gaya wa Malam? Ko abinci ba ya ci sosai." Na ce ban gaya masa komai ba, hutu ne ya kamace shi. Shekara biyu ya yi a dakalin nan, sannan ya kwanta, kwana tara Allah ya karɓi abinsa. Na yi masa duk abin da ɗa ke yi wa uba, na yi jinyarsa, na shiga kabarinsa na kwantar da shi. Abu ɗaya ne ban yi ba, ban taɓa ce masa ya dawo ya zauna a gabana ko na bugu goma ba. Ban ma san akwai abin da za a nema gafara a kai ba, sai da na zauna a kujerar roba ina kallon babura.

Sati biyu na yi ina zuwa ina zama a kujerar. Ana gaishe ni, ana kawo mini shayi, in baƙo ya zo Auta ya nuna ni ya ce, "Wannan shi ne babanmu, shi ya koya wa kowa." Sai baƙon ya ce Allah ya ƙara lafiya, ya juya ya ci gaba da maganarsa da Auta. Yaran ba su da laifi. Zamaninsu ne mai sauri, mai kaya yana tsaye a kan babur yana jira, waya na ƙara a aljihu. Yawancin kayan ma guga ake yi musu, bugu sai wanda ya nace. Suna bugun suna sauraron rediyo a waya, kowa da abin da ya toshe kunnensa da shi, ba mai jin na gabansa. A da in aka tashi cin abinci, masu bugun layin gaba ɗaya kan haɗu a zaure ɗaya, kwano ɗaya, a yi ta tsokanar juna. Yanzu duk waɗanda na sani a layin nan, in ba wanda ya rasu ba, sai wanda 'ya'yansa suka ɗauke shi zuwa bayan gari kamar yadda aka ɗauke ni. Sai in wuni ban yi maganar da ta wuce amsa gaisuwa ba.

Rannan na ce wa Auta ya ba ni mabuɗi ɗaya. Ya tambaye ni na mene ne, na ce ina so in riƙa zuwa da wuri ina shan iska. Su ba sa buɗewa sai wajen ƙarfe tara, ni kuwa daga sallar asuba ba na komawa barci. Da gari ya waye sai in kama hanya, in buɗe zaure, in goge gungume, in sauka ƙasa da dabara. Na fara da tsohon zanen gado na gidana. Hannun hagu ke ɗaga guduma, na dama kuwa, tun da yatsun ba sa kamawa, sai in ɗora shi a kan zanen in tura da gwiwar hannu. Ranar farko na daki yatsana, ban ma ji zafin ba sai da na ga jini. Na koyi janye shi da wuri. Kafaɗata ta hagu ta yi ta ciwo har ba na iya ɗaga kofi, na shafa man zafi na koma. Ƙarar da nake yi ba ta da daɗin ji. Tim, sai shiru, tim, sai shiru. A cikin shirun nan ne gudumar Ɗan Gwaggo take sauka a da, kuma kunnena bai daina jiran ta ba. Wani lokaci in na ɗaga kai, bangon katako kawai nake gani da kalandar da aka liƙa a jiki. Kafin su iso na ninke zanena, na koma kujera.

Wata uku ina haka. Auta ya gane, don ya ga gudumata tana sauya wuri, amma ya bar ni da abina. Da Ummi ta zo duba ni ta ga kanta ta fito mini a tafin hannun hagu, ta ce, "Baba, so kake ka sake faɗuwa?" Na ce mata faɗuwa ta Allah ce, kuma maganina ban fasa sha ba. Ta ɗauko man shafawa a jakarta ta shafa mini.

Wata safiya ina cikin bugun zanena, wata mata ta yi sallama a ƙofar zaure. Ba 'yar unguwar ba ce, da ganin yadda take duban lungun. Ta ce ta zo kasuwa sayen kayan ƙamshi ne ta ji ƙara, ga ɗankwalin shadda guda ɗaya da za ta ɗaura wurin suna da yamma, an wanke an sa sitati, ko za a buga mata kafin ta fito daga kasuwa. Na buɗe baki in ce ta jira yara su zo, sai na ji na ce, "Ajiye, Hajiya." Ta dubi sandata, ta dubi hannuna da ke kwance a cinya, sannan ta ajiye ta tafi. Na fesa masa ruwa, rabi ya zubo mini a gemu saboda leɓen bai gama rufuwa ba. Na ninke shi da hannu ɗaya da haƙori. Abin da a da nake gamawa kafin shayi ya huce, ya ɗauke ni fiye da awa guda. Na bi shi gefe da gefe, na juya, na sake bi, ina tsoron kada in huda kayan mutane. Da na ɗaga shi a hasken ƙofa, na ga ƙyallin ya fito. Bai kai na da ba, gefe ɗaya ya fi ɗaya kwanciya, amma bugu ne, duk wanda ya san bugu zai ce bugu ne.

Ta dawo da ledojinta, ta karɓa, ta juya shi sau ɗaya, ta ce, "Ba laifi. Sannu, Baba." Ta sallame ni, ta saka shi a jaka ta fita tana amsa waya. Ba ta san shi ne aikin farko da ya fita daga hannuna tun ranar da na faɗi ba, kuma babu dalilin da zai sa ta sani.

Na zauna a ƙasa ina haki, ina murna kamar yaron da aka fara bari ya hau keke. Ina so in gaya wa wani. Na shiga lissafa mutanen da za su gane girman abin da ya faru, waɗanda in na ce musu na buga ɗankwali da hagu za su ce kai, haba, nuna mana hannun. Na bi layinmu zaure zaure a raina, na bi gidanmu ɗaki ɗaki, ban samu ko ɗaya da ke raye ba. Da Auta ya iso ya tarar da ni a gaban gungume, ya ce, "Baba, lafiya? Ko in kama ka ka hau kujera?"

Na ce, "Lafiya lau. Ka fitar da kujerar nan waje, ka ba mai gyaran takalmin nan na bakin titi. In an kawo ƙananan kaya, ɗankwali ko hula ko rigar yara, ka ajiye mini a nan gefe. Zan yi su da safe kafin ku zo."

Ya dube ni, ya dubi gudumar, ya ce to. Ya ɗauki kujerar ya fita da ita. Ni kuwa na jawo sandata, na dafa bango na miƙe, na kama hanyar gida tun rana ba ta yi zafi ba, don gobe da aiki.